Dirk Maggs da wasan rediyon da muka bari yana mutuwa a Kaduna

Zuwa ga Edita,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa da fatan alheri gare ka da abokan aikinka, ina roƙon ka ba ni fili a wannan jarida tamu mai farin jini in yi magana a kan wani Bature ɗan Ingila mai suna Dirk Maggs. Ban taɓa ganinsa ba, shi ma bai san da zamana ba, amma tun da na saurari aikinsa wata biyu da suka wuce abin yake cin raina. Na san wani zai ce ina ruwan mutumin Tudun Wada da marubucin Ingila. A yi haƙuri a bi ni a hankali, maganar a ƙofar gidanmu za ta sauka.

Shekara 31 na yi ina aikin haɗa sauti a wani gidan rediyo a nan Kaduna kafin in ajiye aiki. Masu sauraro ba su san muryata ba. Ni ne na bayan gilashi, mai kula da makirfo da tef, kuma idan ranar ɗaukar wasan kwaikwayo ta zo, ni ne mai kawo ƙarar ƙofa da kofaton doki da saukar ruwan sama. Na faɗi wannan ne don a san irin kunnen da na saurari mutumin nan da shi.

Jikana ne ya jawo. Yana karatu a Kaduna Poly, yakan zo mana ranar Juma'a ya kwana biyu. Wani dare an ɗauke wuta bayan isha'i, zafi ya koro mu tsakar gida, sai ya miƙo mini wayarsa da iyafis ya ce, "Kaka, sa wannan ka ji irin aikinku." Na sa ɗaya a kunne yadda na saba, ya ce a'a, duka biyun zan sa, in ba haka ba na yi asarar rabin abin. Na sa, na lumshe ido. Sai ga wani babur mai nauyi ya taso daga can nesa ta kunnen hagu, ya ratsa ta tsakiyar kaina ya fice ta dama. Wata murya ta daka tsawa ta lasifika, amsa-kuwwarta ta bugi wani abu mai tsawo ta dawo, nan take na san tsakanin dogayen benaye ake. Ƙarƙashin wannan duka akwai gunjin gari da ba ya yankewa, irin na wurin da jama'a suka yi yawa har suka gaji da juna. Turancina na aiki ne, 'yan wasan kuma suna magana da sauri, rabin abin da suka faɗa ya wuce ni. Duk da haka ban ɓata ba ko sau ɗaya. Na san wanda ke kusa, na san wanda ke gudu, na san lokacin da aka shiga ɗaki aka turo ƙofar ƙarfe. Da na cire iyafis ɗin na ga rijiyarmu da turmin uwargida a jingine, sai da na ɗan jima kafin hankalina ya dawo Kaduna.

Abin da na ji shi ne Judge Dredd, wanda Maggs ya yi wa BBC a 1995. Asalinsa labarin zane ne, wanda yara ke ce wa komik. Ya fara fitowa a mujallar 2000 AD ta Ingila a 1977, John Wagner ya rubuta, Carlos Ezquerra ya zana. Labarin wani ƙaton birni ne na zamani mai zuwa, inda mutum ɗaya shi ne ɗan sanda, shi ne alƙali, shi ne kuma mai zartar da hukunci nan take a bakin titi. Daga ranar na sa yaron ya riƙa nemo mini tarihin mutumin da sauran ayyukansa, yana karantawa yana fassara mini inda ya yi mini nauyi.

Abin da ya fara taɓa ni shi ne inda ya faro. An haife shi a 1955, kuma ya shiga BBC ne a matsayin ma'aikacin situdiyo, wato irin kujerar da na zauna a kai. Ya san waya da makirfo kafin ya zama mai rubuta wasa da ba da umarni, kuma ana jin hakan a duk abin da ya sa wa hannu. A 1988 Superman ya cika shekara 50, domin a 1938 ne Jerry Siegel da Joe Shuster suka fito da shi a Amurka. Maggs ya shirya wa BBC wasa na wannan biki, ya kuma yi wata dabara da duk ɗan rediyo zai sara mata. Bai tsaya kokawar nuna mutum yana tashi sama ba. Gurfanar da Superman ya yi a gaban kotu. Shari'a kuwa magana ce zalla: mai ƙara ya faɗi, mai kariya ta amsa, a kira shaidu ɗaya bayan ɗaya. Ta haka ya shigo da jarumin takarda ta ƙofar da rediyo ya fi ƙarfi. A 1989 ya yi wa Batman nasa na cika 50, har Michael Gough, wanda ya fito a matsayin dattijon hadimin gidan Batman a fim, ya zo ya ba da muryarsa.

Amma wanda nake so masu gidajen rediyonmu su kasa kunne su ji shi ne na 1994, Knightfall, labarin da wani mugu ya karya wa Batman gadon baya. BBC ba ta kai shi tashar dattawa masu son wasan kwaikwayo ba. A Radio 1 aka sa shi, tashar kaɗe-kaɗe ta samari da 'yan mata. An yanka shi kashi 65, kowane kashi minti uku, ana jefa ɗaya a rana cikin shirin waƙoƙi. Minti uku kacal, Malam Edita. Akwai tallan da ake sakawa a tashoshinmu da ya fi haka tsawo. In ka tara su kuwa ka sami minti 195, fiye da awa uku na labari, an shayar da shi cokali-cokali ga yaran da ba za su taɓa zama su saurari wasan rabin awa ba. Wanda bai taɓa yanka tef ba ba zai gane wuyar wannan ba. A cikin minti ukun nan dole ka tuna wa mai sauraro inda aka kwana, ka ciyar da labarin gaba, sannan ka tsaya a inda zai ƙagu gobe ta yi. Babu wurin doguwar gaisuwa, babu wurin kame-kame. A 1995 ya maimaita wannan tsari da Spider-Man, Brian May na ƙungiyar mawaƙa ta Queen ya yi masa kiɗa, sannan Dredd ya biyo baya.

Ina so mai karatu ya fahimci me ake nufi da juyar da labarin zane zuwa sauti, domin mutane suna ɗauka karantawa ce kawai a gaban makirfo. Labarin zane rabinsa hoto ne. Mai zane zai nuna maka birni guda, da hayaƙinsa da cunkosonsa da tsoron da ke fuskar mutane, a faɗin tafin hannu, ba tare da kalma ko ɗaya ba. Ka cire hoton, me ya rage? 'Yan kalmomi a warwatse. Hanyar raggo ita ce a sa ɗan wasa ya riƙa faɗin abin da ido ya kamata ya gani, ka ji mutum yana cewa, "Kai, ga ka nan ka zaro wuƙa kana nufo ni!" Mu ma mun sha samun irin wannan a rubutun da ake kawo mana. Maigidana a wurin aiki, Allah ya jiƙansa, yakan ɗaga hannu a tsayar da ɗauka, ya dubi marubucin ya ce, "Malam, wa ka taɓa gani yana sanar da maƙiyinsa abin da maƙiyin ke riƙe da shi?" Sai a goge layin, a sa ni in zaro tsohuwar adda daga kube a kusa da makirfo, ɗan wasan ya ja numfashi ya ja da baya taku biyu. Shi ke nan, duk wanda ke gida ya ga wuƙar.

Wannan ne Maggs ya ɗauka ya kai shi maƙura. Shi kansa fim na kunne yake kiran ayyukansa, kuma tun a shekarun 1990 yake haɗa su da Dolby Surround, fasahar sautin gidajen silima. Sauti a wurinsa hawa-hawa ne: na nesa, na tsakiya, na kusa, kiɗa yana bi ta ƙarƙashi. Mai juyar da labari irin wannan marubuci ne cikakke, domin kowane hoto da ya rasa sai ya ƙirƙiro abin da zai tsaya a madadinsa, kuma ya yi hakan ba tare da ya ci amanar mai labarin ba.

Maganar amana ta kawo ni kan Douglas Adams, marubucin The Hitchhiker's Guide to the Galaxy, ƙagaggen labarin kimiyya mai ban dariya da ya fara a rediyon BBC a 1978 kafin ya zama littattafai biyar. Adams ya ji aikin Maggs, ya nemi shi ya mayar da sauran littattafan gidansu na asali, wato rediyo. Abin ya yi ta jan ƙafa har Adams ya rasu a 2001. Maggs bai saki ba. A 2004 da 2005 ya fitar da su tare da yawancin 'yan wasan farko, waɗanda a lokacin sun manyanta. Akwai wani a cikin labarin da Adams ya so ya yi muryarsa da bakinsa, sai Maggs ya ɗauko muryarsa daga karatun littafin da ya taɓa ɗauka yana da rai, ya dasa ta cikin wasan. Da jikana ya karanta mini wannan sai na yi shiru, domin na tuna muryoyin da suka bi ta hannuna waɗanda yau ko da kuɗi ba za a same su ba. Daga 2016 kuma ya koma yi wa Audible, kamfanin Amazon mai sayar da littattafan saurare ta intanet, inda a 2020 ya fitar da The Sandman, shi ma labarin zane, kashin farko kaɗai kusan awa 11. Mutum ya haura shekara 30 a kan sana'a ɗaya, daga tef zuwa waya, bai canza layi ba.

Kada a yi mini mummunar fahimta. Ba cewa nake a kwaso waɗannan labarai a fassara mana ba. A cikinsu akwai abubuwa da dama da ba su dace da addininmu da tarbiyyarmu ba, kuma ba na sha'awar in ji Batman yana Hausa. Sana'ar nake magana a kai, kuma sana'ar nan mun taɓa riƙe ta da hannu biyu.

Tun 1962 da gwamnatin Sardauna ta kafa gidan rediyo da talabijin na Arewa a Kaduna, garin nan ne cibiyar wasan kwaikwayon Hausa na iska. Wanda ya kai shekaruna ya san yadda unguwa ke yin tsit idan lokacin Zaman Duniya Iyawa Ne ya yi, ko Samanja Mazan Fama na marigayi Usman Baba Pategi. Mai shayi ya ƙara wa rediyonsa murya, masu facin taya su ajiye guduma, mata a cikin gida su matso da akwatin kusa da murhu. Ba mu da Dolby. Muna da ɓawon kwakwa biyu da tiren yashi, su ne dawakin sarki. Muna da fallen kwano da ake girgizawa ya zama tsawa, da gero da ake zubawa a hankali kan faifai ya zama yayyafi, da ledar biskit da ake murzawa ta zama gobara. Akwai wata 'yar ƙofa ta katako da kafinta ya yi mana, tsawonta bai kai kamu biyu ba, an hana kowa ya sa wa ƙarfenta mai don kada kukanta ya tafi. Ita ce ƙofar zaure, ita ce ta kurkuku, ita ce ta ɗakin amarya, ya danganta da yadda na tura ta. Gyara kuwa da reza ake yi: ka saurara, ka yi alama da fensir, ka yanke tef ɗin a karkace, ka liƙe. In ka yi kuskure ka yanke numfashin ɗan wasa, sai ka durƙusa ka nemo guntun a ƙasa.

Ina waɗannan tef ɗin yau? A inda na yi aiki, wasu an ɗauki sabon shiri a kansu lokacin da kuɗin sayen sabo ya yanke. Sauran an tara su a wani sito da rufinsa ke yoyo. Shekarar da zan bar aiki na shiga na ɗauko ɗaya, ya manne da ɗan'uwansa, ya yi furfura, na ja shi ya tsinke a hannuna. Na rubuta takarda sau biyu ina roƙon a kwashe abin da ya rage a zuba a kwamfuta, ba a ba ni amsa ba. Ƙasimu Yero ya rasu a 2017, Samanja ya bi shi a 2023. Na bayan gilashi irina kuwa muna tafiya ɗaya-ɗaya ba a ko sanarwa, kuma kowane ya tafi da abin da ke hannunsa.

Yau tashoshin FM sun cika Kaduna, abin farin ciki ne, yaranmu sun sami aiki. Amma ka murɗa daga wannan zuwa waccan ka ji: a buɗe layi a kira waya, sojojin baka su yi ta musayar zafafan kalamai, mai magani ya sayi fili, a sa waƙa. Duk shirye-shirye ne masu arha, mutum ɗaya da makirfo ɗaya sun isa. Wasan kwaikwayo in an yi shi, galibi wata ƙungiya ce ta biya don a isar da saƙon rigakafi ko zaɓe, kwangila na ƙarewa wasa ya ƙare. Ba na raina wannan, yana da amfaninsa, amma ba shi ne labarin da yaro zai kwana yana tunani ba.

Kuma kada a ce mini jama'a sun daina saurare. Leƙa YouTube ka ga yadda ake bin karatun littattafan Hausa. 'Yata tana wanke-wanke da waya a gefe, ɗan acaɓa yana jiran fasinja da iyafis a kunne, tela yana taka keke labari yana tafiya. Ƙishirwar tana nan. Sai dai abin da ake ba su murya ɗaya ce tana karatu daga farko har ƙarshe, ita ce miji, ita ce mata, ita ce kishiya, babu ko motsin ƙofa. Sau da yawa ma marubuciyar ba ta san an karanta littafinta ba, balle a ba ta ko sisi. Wannan zalunci ne, kuma yana kashe gwiwar masu rubutu. Duk abin da Maggs ya taɓa, da izinin masu shi ya taɓa, sunansu yana kai.

Nakan karanta a shafinku na nishaɗi ana tambaya me ya sa Kannywood ba ta yin fim ɗin kimiyya. Amsar ba ɓoyayya ba ce, kuɗi ne. Jirgin sama jannati a fim yana cin abin da furodusa ba zai mayar ba, kuma in an yi shi da arha dariya zai jawo. A rediyo kuwa jirgin nan bai wuce tsohuwar fanka da bututun roba da mutumin da ya san inda zai ajiye makirfo ba. Labarin ma muna da shi. A 1969, shekarar da Amurkawa suka taka wata, kamfanin buga littattafai na Arewa da ke Zariya ya fitar da Tauraruwa Mai Wutsiya na Umaru Dembo, inda Kolin Koliyo ya ɗauki yaro Kilba ya kai shi yawon sararin samaniya. Mun karanta shi a makaranta, jikana kuwa bai taɓa jin sunansa ba sai a bakina. Ga Gandoki na Bello Kagara, ga Iliya Ɗanmaiƙarfi na Ahmadu Ingawa, jarumai ne da ba su gaza na kowa ba, cike da yaƙi da aljanu da tafiye-tafiye, abubuwan da kunne ya fi ido iya ɗauka. Ga kuma samarinmu masu zane a waya da kwamfuta, suna ƙirƙiro nasu jaruman suna sakawa a Facebook ba mai waiwayarsu.

Tun daren nan nake kwana ina jin yadda zan haɗa tafiyar Kilba. Zan je tsohuwar Panteka da sassafe in ɗauki ƙarar masu walda da maƙera da injin yankan ƙarfe, in rage musu gudu a kwamfuta har su zama gunjin wani abu da ba na duniyar nan ba. Zan je tashar Rigasa in ɗauki numfashin jirgin ƙasa kafin ya tashi. Muryar Kolin Koliyo kuwa ba na son a lalata ta da na'ura. A samo dattijo mai kauri a maƙogwaro ya yi magana cikin babbar randa, a ajiye makirfo a bakinta. Idan an bar ƙasa, a janye kukan tsuntsaye da na shanu a hankali, ɗaya bayan ɗaya, har ya rage numfashin yaron kaɗai. Duk wanda ke saurare zai san an yi nisa da gida.

Roƙona ga shugabannin gidajen rediyon Kaduna, na gwamnati da masu zaman kansu, bai da yawa. A ware minti uku a rana cikin shirin da samari suka fi saurare, a gwada na wata uku. A nemi izinin iyalan marubucin da kamfanin da ya buga littafin, a biya su haƙƙinsu a rubuce. A ɗauki marubuci ɗaya a ba shi aikin juyarwa, a biya shi a matsayin marubuci, a ambaci sunansa. 'Yan wasa suna nan a sashen wasan kwaikwayo na Jami'ar Ahmadu Bello da sassan aikin jarida na Jami'ar Jihar Kaduna (KASU) da Poly, suna neman inda za su gwada kansu. Kamfanin da ke biyan tallan sabulu zai biya tallan da ke manne da labarin da yara ke jira, kuma bayan an gama a tara kashi-kashin a sa a intanet da sunan tashar.

Mu uku ne muka rage cikin waɗanda suka yi wannan aiki tare, mukan haɗu ranar Asabar bayan la'asar a wata majalisa kusa da Kasuwar Barci. Na kai musu maganar, na sa musu Dredd a kunne ɗaya bayan ɗaya, kuma dukkanmu mun yarda za mu koya wa duk yaron da ya zo, ba ma neman ko kwabo. Ɗayanmu idonsa ya yi rauni amma kunnensa garau yake. 'Yar ƙofar katakon nan tana wurina, na karɓe ta ranar da aka fitar da ita za a kai bola, kuma har yau ban sa mata mai ba. Duk tashar da ta shirya, ko ɗaliban da ke so, su nemi adireshina a ofishinka, Malam Edita, na haɗo shi da wannan takarda.

Na gode da wannan fili. Allah ya ƙara wa jaridarmu ɗaukaka.

Naka,
Tsohon ma'aikacin haɗa sauti,
Tudun Wada, Kaduna.